Faifai Goma Sha Uku a Bisa Murhu

Kafanchan, 19 ga Oktoba, 1997

Zuwa ga ɗana Gilbert, a Legas.

Gaisuwa cikin sunan Yesu. Ni ce Mama Ƙauna, uwar Dogara. Yaya aiki, yaya jikinka? Mu nan da sauƙi, gwiwan nan ne dai ke damuna in an yi ruwa. Emilia matar Dogara tana lafiya, amma ba ta san ina aiko maka takarda ba. Dogara ma bai sani ba. Kubra maƙwabciyarmu mai sayen citta ita ke riƙe da biro, ni ina faɗa. Na sa ta rantse.

Gilbert, ba ni na haife ka ba, amma kakanka da uban mijina ciki ɗaya suka fito, kuma shekara uku ka ci tuwo a ɗakina lokacin da kake sakandare. Da wannan nake roƙonka.

Ka tuna baƙaƙen faifan nan goma sha uku da ka aiko wa Dogara da Ista, ka ce a ɗura wa kwamfutan shagonsa don ya samu sabon kai? Har yau bai ɗura ba. Kullum Asabar. Asabar ta zo, ya ce akwai katin aure, ko takardar jana'iza, ko 'yan kwaleji sun kawo aiki. Wata rana ya ce wuta ba ta tsayawa, wai kai ka ce in aka ɗauke wuta ana tsakiyar aikin injin zai iya mutuwa. Ni a ganina tsoro yake ji. Amma wa zai faɗa masa haka?

Ya ba Emilia ambulan ɗin da faifan ke ciki ta sa a akwatinta. Da damina uwarta ta kwanta ciwo, Emilia ta tafi Kwoi sati uku. Rufin ɗakinsu yana yoyo. Na shiga na ga gara ta fara cin gindin akwatin, ambulan ya jiƙe. Na ce wayyo, kayan Gilbert. Na shanya ambulan, faifan kuma na ƙulle a leda na rataye a bisa murhu tare da irin masara. Kai ka sani, a gidanmu abin da ba a so ya lalace can ake sa shi. Gara ba ta zuwa, ɓera ba ya zuwa, ɓarawo ba ya ɗaga kai ya duba. Shekara hamsin ina ajiya a wurin, ko ƙwaya ba ta taɓa ɓaci ba.

Ana gobe Emilia za ta dawo na sauke. Ɗana, ledan ya narke ya kama su. Sun lanƙwashe kamar ɓawon rogo a rana, sun yi baƙin maiƙo. Ɗaya ma ya manne a jikin masara, na ja na ja ya ƙi fita, na bar shi can sama. Goma sha biyun na goge da bakin zane, na mayar cikin ambulan, na tura ƙasan akwati. Kubra ta nuna wa Jamiluddeen mai shagon kwamfuta na bakin tasha guda ɗaya, ba ta ce na wa ba ne. Ya yi dariya ya ce wannan sai bola.

Ka san ɗan'uwanka. Tun rikicin nan na shekara goma da suka wuce, da aka sare shi a ka, mijin Kubra ya ɗauke shi a kafaɗa zuwa asibiti, ba shi ne yaron da na goya ba. In ransa ya ɓaci idonsa ba ya ganin mutum. Ni bai taɓa ɗaga mini hannu ba. Emilia ce ke sha. Bara a kan makullin shago ya fasa mata baki. Ranar da ya buɗe ambulan nan, akwatinta ne, ita zai kama, kuma ina tsoro ba za ta tashi ba.

Za ka ce in faɗa masa gaskiya. Sau uku na gwada. In na buɗe baki sai in tambaye shi ko ya ci abinci.

Ka aiko wasu irinsu, goma sha uku, in musanya ba wanda ya sani. Kada ka bi ta gidan waya. Makullin akwatin wasiƙa yana hannunsa, kuma duk takardar da ta zo da sunana shi ke karanta mini. Ka ba Mijinyawa direban motar citta, wanda ya kawo maka wannan. Duk ƙarshen wata yana sauke kaya a Apapa.

Ga ɗan yatsana.
Mamanka, Ƙauna.

Ni Kubra ina gaishe ka. Ka hanzarta.

*

Legas, 2 ga Nuwamba, 1997

Mama,

Na samu takardarki, na gode wa Ubangiji da kuna lafiya. Gwiwa kuma ki rage zuwa gona. Ki gaishe da Kubra.

Mama, ki yafe mini, na yi dariya har oga ya leƙo ya tambaya ko lafiya. Disket a bisa murhu! Kin gasa su kamar kifi. Ba komai, ba zinariya ba ne, ana kwafar wasu.

Wanda ya ɓata mini rai Dogara ne. Wata bakwai! Sau huɗu na rubuta masa. Na zana masa komai a takarda, faifai na ɗaya, na biyu, har na ƙarshe, abin da zai gani da abin da zai danna. Aikin wuni ɗaya ne. Ya rufe shago, ya kwashe aikin mutane gefe, ya ari janareto, shi ke nan. Kullum amsarsa ɗaya, "bari a wuce wannan sati." Da ya yi tun Ista da faifan ba su ma kai damina ba, balle su hau murhu. Tsarin da ke tuƙa injinsa ya tsufa, Mama. Kamar mutum ne da ke jin yare ɗaya, kasuwa kuma ta koma wani yare. Duk wanda ya yi aiki a sabon inji ya kawo masa, nasa ba zai iya karantawa ba. Haka zai zauna yana kallon mutane suna wucewa bakin tasha.

Maganar Emilia, ina gani tsoro ne ya yi miki yawa. Dogara yana da zafi, na sani, amma a kan roba? Ki same shi bayan sujada ran Lahadi, lokacin da ransa ke sanyi, ki faɗa masa. Ke uwarsa ce.

Zan kwafa miki wasu. Sai dai na ainihin suna cikin kabad ɗin oga, kuma ba ya son a taɓa. Sai ranar da ya yi tafiya. Wannan zuwan Mijinyawa ba zai samu ba, sai na gaba. Ki kwantar da hankalinki. Mutumin da ya yi wata bakwai bai buɗe ambulan ba, ba wannan watan zai buɗe ba.

Ɗanki,
Gilbert.

*

Kafanchan, 14 ga Disamba, 1997

Gilbert ɗana,

Gaisuwa cikin Ubangiji. Muna nan. An fara haƙar citta, tsakar gida duk yanka ne da shanya. Gwiwa ta yi sauƙi, zuciya ce ba ta yi ba.

Kubra ta karanta mini takardarka sau biyu. Ka yi dariya. To, ka yi. Mijinyawa ya dawo na ƙarshen wata, na tsaya a bakin mota har aka gama sauke buhun gishiri, ya ce ba ka ba shi komai ba.

Bari ka ji abin da roba ta yi. Wata Laraba, wajen sati biyu da suka wuce, wani ɗan kwaleji, babba da gemu, ya kawo aikinsa na gama makaranta a faifai, a buga masa a takarda. Injin ya fito masa da shirme, layi layi kamar sawun kaza. Mutumin ya ce, "Oga, wannan akwatin naka ya kamata a kai shi gidan tarihi." Mutane suka yi dariya. Dogara ya tsallake tebur ya shaƙe shi. Suka fito har kan titi, ya buga kan mutumin da ƙofar ƙarfe, jini a riga, jini a ƙasa. Masu nama na gefen ne suka raba. Sai da Dattijo Kambai na cocinmu ya je ya ba da haƙuri kafin aka bar maganar 'yan sanda.

Da rana tsaka ya shigo gida. Emilia tana durƙushe tana yanka citta. Ta ce sannu da zuwa. Wannan kaɗai ta ce. Ya ɗauki kujerar tsuguno ya jefe ta, ta same ta a kafaɗa. Ya shure tiren, ya taka cittan da takalmi, ya ce tana masa kallon raini. Ya mare ta har ta faɗi a kan turmi. Ni ina ƙofar kicin, ina cewa Dogara, Dogara, kamar mai kiran akuya. Da ya gaji ya ce, "Asabar ɗin nan zan ɗura abin nan, in ga wanda zai sake yi mini dariya. Ki fito mini da ambulan."

Gilbert, ran Juma'a na kwanta na ce cikina. Na yi ta birgima, na ce mutuwa zan yi, a kai ni Fadan Kagoma wurin ƙanwata. Da safen Asabar ya ɗauko babur ya kai ni, ya wuni can. Ƙarya na yi, ina tsohuwar Zumuntar Mata ta coci. Asabar ta gaba na je na roƙi matar fasto ta kawo masa takardun waƙoƙin Kirsimeti, ta ce ana so da gaggawa. Ta tambaye ni dalili, na ce don ya samu aiki.

Ka ga yadda abin ya juya? Da shi ke cewa sai wani sati. Yanzu ni ce ke tura Asabar gaba da hannu biyu, kuma kowace Asabar da na tura, injin ya ƙara kunyata shi, ya dawo ya sauke a kan yarinyar nan. In na bari ya buɗe, ya kashe ta. In na hana, yana kashe ta da kaɗan kaɗan. Jiya ita ta shafa mini man zafi a gwiwa, da hannu ɗaya, ɗayan ba ya ɗaguwa. Tana cewa sannu Mama. Na rasa inda zan sa idona.

Ya yi magana da Jonathan mai walda zai ba shi aron janareto, Asabar ta farko bayan sabuwar shekara. Ya sayi mai ya ajiye a jarka. Ƙaryata ta ƙare, ɗana. Ka fasa kabad ɗin in ya kama.

Mamanka, Ƙauna.

*

Kafanchan, 11 ga Janairu, 1998

Gilbert,

Ina gaishe ka. Ban sani ba ko kana lafiya, don shiru. Kubra ta tafi Kano biki, Malam Ubaidullahi mai rubuta wa mutane takarda ne ke rubuta wannan. Na zo masa ta bayan kasuwa, na rufe kai da zane.

Mijinyawa ya ce ya je shagonku sau biyu a rufe, wai kun tafi hutun Kirsimeti. Kai kana hutu.

An kawo janareto ran Juma'a. Da safen Asabar Dogara ya shiga wanka, na ɗauki jarkan man na tsiyaye rabi a bayan bandaki, na cika da ruwan randa. Ya ɗauki ambulan daga hannun Emilia, bai buɗe ba, ya sa a aljihu, ya tafi shago. Na bi shi a baya daga nesa ina kiran sunan Yesu. Ya zuba mai. Ya ja igiya. Injin ya yi tari ya mutu. Ya ja har tafin hannunsa ya fashe.

Ya je ya ce wa Jonathan ya ba shi mataccen inji don a yi masa dariya. Jonathan ya buɗe ya ga ruwa, ya ce kai ne ka kashe mini inji. Gilbert, da ƙarfe suka yi. Jonathan ya rasa haƙori biyu, Dogara an ɗinke masa gira. Abokai ne tun suna yara, tare aka yi musu baftisma. Ni na yi wannan.

Ya dawo ya jefa wa Emilia ambulan ya ce ta mayar. Ya ce wani yana masa asiri a gidan nan, kuma zai gano shi. Yana faɗa yana kallonta.

Malam Ubaidullahi ya ajiye biro ya ce, "Baba, ki faɗa wa dattawan cocinku, ku tafi tare a faɗa masa." Na ce to, wani sati.

Ba na iya cin abinci. Ka aiko.

Ƙauna.

*

Legas, 3 ga Fabrairu, 1998

Mama,

Ina fata kina lafiya, da kowa da kowa. Ki yafe mini. Takardunki biyu tare na same su wurin mai gadi, ya manta da ta farkon sai da ta biyu ta iso. Laifina ne, oga ya yi tafiya tun Nuwamba kwana biyu, na ce bari in gama wani aiki tukuna, ya dawo ban yi ba.

Yanzu na yi. Goma sha uku cif, na gwada kowanne, na rubuta lamba da irin biron da na yi na farko don kada a ga bambanci. Zan ba Mijinyawa hannu da hannu ƙarshen wata.

Na san kin ce kada in bi ta gidan waya. Amma ba zan iya barinki sati uku cikin wannan hali ba, kuma yanzu da Kubra ke karanta miki, na rubuta a baya cewa a ba ki a rufe. Ba zan faɗi abin da ya faru a nan ba, kin sani na sani.

In sun iso, Emilia ta cire lalatattun nan daga akwatinta ta jefa a masai, ta sa sababbin a ambulan. Dogara ba zai taɓa sani ba. Ki ce mata ta ƙara haƙuri, ta ci gaba da riƙe shi da dabara har ƙarshen wata, kada ya buɗe. Ki ce ina tunaninta kullum, kuma maganar tana tsakaninmu.

Ɗanki,
Gilbert.

*

Kafanchan, 20 ga Fabrairu, 1998

Gilbert,

Ba zan tambayi lafiyarka ba yau. Daga asibiti nake. Kubra ce ke rubutu, a kan gwiwarta, a bakin gadon Emilia.

Wa ya ce maka Emilia ta sani? Yaushe na ce maka na faɗa mata? Na ce kada ka bi ta gidan waya. Na faɗa maka da bakina.

Ran Talata wajen sha biyu ya shigo da takardarka a buɗe a hannu. Ina bayan gida ina juya citta a kan tabarma. Na ji ƙarar akwati a tsakar gida, ya jawo shi waje ya fasa da ƙafa. Na zagayo na same shi ya zazzage ambulan a ƙasa. Ga su nan, baƙaƙe, a lanƙwashe. Ya karanta mata takardarka da ƙarfi, layi layi. "Ta ci gaba da riƙe shi da dabara." "Ina tunaninta kullum." "Maganar tana tsakaninmu." Ya ce, "Ashe ke ce. Ke da Gilbert. Ke kika sa ruwa a mai. Wata nawa kuna mini dariya?"

Ta ce, "Baban gida, ban san komai ba."

Ya zo da wayar injin buga takarda a aljihu, mai kauri, mai ƙarfe a baki. Tun daga shago ya ɗauko ta. Ya naɗe a hannu ya fara. A baya, a wuya, a fuska. Ta faɗi, ya sa ƙafa a haƙarƙarinta. Ta rarrafa za ta shiga ɗaki ya jawo ta da gashi. Ƙarfen ya same ta a kunne, jini ya bi wuyanta ya shiga riga.

Kubra, rubuta wannan yadda na faɗa, kada ki gyara. Ina tsaye. Ina gani. Bakina a rufe. Ban san sau nawa ya ɗaga hannu ba kafin na yi magana, amma ya fi goma. Ta daina kuka, ta koma wani irin numfashi kamar na akuyar da aka yanka ba a gama ba. Wannan numfashin ne ya buɗe mini baki.

Na ce, "Ni ce! Dogara, ni ce na ƙona su!"

Ya ce, "Mama, matsa. Kullum kina rufa mata."

Na kama wayar. Ya fizge, ya ture ni, na faɗi a kan dutsen niƙa, na ji hannuna ya yi ƙas. Bai ma juyo ba. Na tashi na shiga kicin, na taka tukunya, na fizgo damin irin masara da hannu mai kyau, toka ta zubo mini a ido. Na fito na jefa a gabansa. Na ce, "Ƙirga na ƙasa." Ya tsaya yana haki. Na ce, "Ƙirga, ai kai ka yi makaranta. Goma sha biyu ne. Ga na sha ukun."

Yana nan manne a jikin masara, da lambar da ka rubuta.

Ya duba. Ya duba hannuna yana lilo. Na faɗa masa duka, ciwon cikin ƙarya, matar fasto, ruwan randa. Na ce ga ni, ni ce mai asirin, ka gama da ni. Na rufe ido.

Bai taɓa ni ba. Ya yi wani ihu da ban taɓa ji a bakin mutum ba, ya fita da gudu. Masu shago sun ce ya ɗauko kwamfutan ya ɗaga sama ya maka a kan titi, ya ɗauki guntun ƙarfen layin dogo da suke tokare ƙofa da shi ya yi ta duka, gilashi yana tashi, har hannunsa duka biyu suka yayyage. Aikin mutane duk yana ciki. Mutum huɗu suka danne shi. Dattijo Kambai ya tafi da shi ƙauye, yana can.

Mijin Kubra ne ya ɗauko Emilia, a kafaɗar da ya taɓa ɗaukar Dogara. Haƙarƙari biyu sun karye. Likita ya ce kunnen hagu ba zai sake ji ba. Tana raye. Ni an ɗaure mini hannu da farin siminti.

Kada ka ce laifinka ne kaɗai. Kowa ya ce wani sati. Amma ni ce nake tsaye a wurin.

Ƙauna.

*

Kwoi, 15 ga Maris, 1998

Gilbert ɗana,

Gaisuwa cikin sunan Yesu. Na samu saƙonka ta bakin Mijinyawa, cewa ka yi kuka, kuma kana so ka zo. Ka zo da Ista in Ubangiji ya kai mu. Na huce. Hannu yana ƙaiƙayi a cikin simintin, sun ce alamar warkewa ce. Emilia tana iya zama yanzu, ita ce ma ke rubuta wannan. Sai na zauna ta damanta in ina faɗa.

Faifanka sun iso, kwana takwas bayan abin. Goma sha uku, masu kyau, suna ƙyalli. Na riƙe su na rasa abin da zan yi da su, injin da za a ɗura wa yana bola. Na mayar wa Mijinyawa, zai kawo maka tare da wannan.

Muna gidan iyayenta. Ga yadda na zo. Da aka sallame ta, 'yan'uwanta suka ɗauke ta. Bayan sati biyu dattawan gidanmu suka zauna, suka ce Dogara ya yi nadama, ba ya ci ba ya magana, a je biko. Suka sayi akuya, suka ce ni uwar miji in shiga gaba, ni ce za a ji kunyata. Na ce to. Muka hau mota da Dattijo Kambai da mutum biyu.

Aka shimfiɗa tabarma, aka yi addu'a, Kambai ya yi magana mai daɗi a kan haƙuri da gafara. Aka ce uwar miji ta yi nata. Na durƙusa a gaban uban Emilia, gwiwar nan tana ƙara. Na faɗa musu abin da na yi tun daga murhu. Sa'an nan na ce, "Baba, an aiko ni in roƙa ku ba mu ita. Ni roƙona kada ku bayar. Ɗana ne, ni na haife shi, ina ƙaunarsa. Ba shi da lafiya a kai, shekara goma muna cewa zai wuce. A kai shi Jos wurin likitan kai. In ya dawo da ita gidan nan yanzu, gawa za a kawo muku."

Kambai ya ce, "Ƙauna, ba haka muka shirya ba." Na ce na sani. Suka koma da akuyarsu. Ba su ce in shiga mota ba, ni ma ban tashi ba. Uwar Emilia ta kawo mini ruwa ta nuna mini inda zan kwanta.

Dogara ya aiko wai zai zo da kansa ya ba da haƙuri, in hannunsa ya warke, wata Asabar. Na ce a faɗa masa Litinin motar Jos ke tashi da wuri, kuma in ya yarda ni zan zauna kusa da shi. In ka zo, wannan ne aikinka, kai da ka iya zana wa mutum abu ɗaya bayan ɗaya.

Mamanka, Ƙauna.

Yaya Gilbert, ni ce Emilia. Mama ta fita, wannan nawa ne, ba zan karanta mata ba. Tun ranar da na dawo daga jinyar uwata na buɗe akwati na ji warin hayaƙi. Na duba ambulan, na gani, na san murhun da ya yi aikin. Da yana dukana ina iya faɗa. Na dubi Mama a tsaye, na ce a raina ni na saba, ita ƙashinta ba zai ɗauka ba. Kada ka faɗa mata. Ta ce ba za ta koma Kafanchan ba sai ta raka shi Jos, ta kuma sa a kawo mata irin masaranta, za ta shuka a bayan gidanmu.